Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga Cibiyar Fina-finai ta Ƙasar Nijar a kan Zalika Sule

Zuwa ga Babban Darakta da ma'aikatan Cibiyar Fina-finai ta Ƙasa, CNCN, Yamai.

Ranku ya daɗe, assalamu alaikum.

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kuna cikin ƙoshin lafiya, ku da iyalanku, ina neman izini in gabatar da kaina a taƙaice, don kada ku ɗauka wani mai ruwa da tsaki a sana'arku ne yake magana. Ni tsohon malamin makaranta ne da ya ajiye alli, ina zaune a Maraɗi, ban taɓa riƙe kyamara ba, ban kuma taɓa tsayawa a gabanta ba in ban da ranar ɗaukar hoton katin ɗan ƙasa. Iyakar alaƙata da fim ita ce ta ɗan kallo, wanda ya biya kuɗin ƙofa tun yana yaro, ya zauna a benci, ya ga mutanen ƙasarsa suna motsi a jikin farin bango. A matsayin ɗan kallon nake rubuto muku game da marigayiya Zalika Sule, wadda takardun Faransanci suke rubuta sunanta Zalika Souley, kuma na bar wasiƙar a buɗe kowa ya karanta saboda bashin da zan yi magana a kansa ba ku kaɗai ake bi ba.

Abin da ya tayar da maganar ƙarami ne. Wata jikata da ta gama sakandare ta zo mini da labarin cewa wasu samarin unguwarmu za su shirya ɗan gajeren fim da kuɗin aljihunsu, sun kuma nemi ta fito a ciki. Uwarta ta ce ba da ita ba, ubanta ya ce a je a ji ta bakina. Muna cikin hira yarinyar ta ce da ni, “Kaka, wai a ƙasar nan an taɓa yin macen da ta riƙi wasan fim sana'a, ko sai dai a Kano?” Na ce mata an yi, sunanta Zalika Sule. Ta ce wace ce haka. Yarinyar da za ta jero sunayen 'yan wasan Kano ashirin ba ta ja numfashi ba, har da na mazajen da suka aura, ita ce ba ta taɓa jin wannan suna ba. Washegari na nufi kasuwa wajen masu tura fina-finai a waya, da niyyar in samo mata ko da guda ɗaya ta gani da idonta. Yaron da na tarar yana da fina-finan Indiya da aka fassara da Hausa, yana da masu dogon zango na Kano da na Turkiyya, komai a jere cikin kwamfutarsa. Ya rubuta sunan da na faɗa masa, ya duba, ya girgiza kai, sannan ya tambaye ni, “Baba, na wace shekara ne?” Da na ce fim ɗin ya haura shekara hamsin sai ya yi dariya, ya ce ai lokacin ko mahaifinsa ba a haifa ba. Ban ga laifinsa ba, domin abin da bai shigo kasuwa ba ba zai sayar da shi ba.

Ku kun san tarihinta fiye da ni, amma tunda jikata da sa'o'inta za su karanta, ku yi mini haƙuri in bi shi daki-daki. An haifi Zalika a Yamai ranar 7 ga Oktoba 1947. Ba ta cika shekara ashirin ba lokacin da Mustafa Alasan ya sa ta a fim ɗinsa na 1966, Le Retour d'un aventurier, labarin wani saurayi da ya dawo daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, kowa ya ɗauki sunan Turawa, suka hau dawaki suka addabi ƙauyensu. Ita ce mace a cikin gungun, mai laƙabin Sarauniya Kiristin, sanye da wando da malafar kaboyi. Wanda bai san Yamai ta wancan lokaci ba zai ga wannan ba wani abu ba ne, amma shekara shida kacal da samun 'yancin kai, budurwa ta sa wando ta shiga cikin maza ana ɗaukar hotonta don a nuna wa duniya, magana ce da ta isa a yi ta a bakin kowace rijiya. A wajen ɗaukar wannan fim ɗin kuma wani matashi Bafaranshe, Serge Moati, ya ɗauki fim ɗin gaskiya, irin wanda 'yan boko suke kira dokimanter, mai suna Les cow-boys sont noirs, a kan yadda aikin ya gudana. Masu rubuta tarihin silima suna sa ta a sahun farko na matan Afirka kudu da Sahara da suka riƙi wasan fim sana'a. Ba zan shiga gardamar wace ce ta fari ba, tunda a wannan shekara ta 1966 Sanagal ma ta fitar da tata, amma a ƙasarmu ba ta da na biyu.

Mafi yawan aikinta na bayan nan tare da Umaru Ganda ta yi shi, kuma shi kansa Ganda ta ƙofar wasa ya shigo sana'ar. Tsohon sojan Faransa ne da ya yi yaƙin Indoshin, ya dawo bai sami abin yi ba, ya gangara Abijan yana dako a bakin tashar jiragen ruwa, inda Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, ya same shi ya sa shi a Moi, un noir na 1958. Rayuwarsa ce aka ɗauka, muryarsa ce take ba da labarin da kalmomin da shi ya ƙirƙira, amma har gobe idan an ambaci fim ɗin sunan Rouch ake fara kira. Da ya zama darakta, fim ɗinsa na farko, Cabascabo, labarin tsohon soja ne da ya dawo da ɗan abin hannunsa, abokai da matan bariki suka taya shi cinyewa suka watse, kuma Zalika tana cikinsa. An nuna shi a bikin fina-finai na Cannes a 1969, ya kuma sami kyauta a Mosko a wannan shekara. Daga nan sai Le Wazzou polygame, wanda kalmar farko ta sunansa ita ce wa'azin da muka sani, sai Saitane, labarin malamin tsibbu da ya zama ɗan aike tsakanin matar aure da mai kuɗin da yake nemanta, sai L'Exilé a 1980. A tsakani ta koma wajen Mustafa Alasan ta fito a FVVA na 1972, wanda haruffansa suke nufin mace da mota da gida da kuɗi, wato abubuwa huɗu da suke kai ƙaramin ma'aikaci gidan kaso. A 1983 ta fito a Aube noire na Jingare Maiga, wanda shi ma tare suka fara a fim ɗin kaboyi, ta kuma tsallaka Kodebuwa ta fito a Petanqui.

A kan Le Wazzou polygame nake so in tsaya, domin shi na gani da idona tun yana sabo. An kai ni Yamai hutu gidan kawuna, ina ɗan shekara goma sha uku ko sha huɗu, wani dare ya riƙe hannuna muka tafi silima. Fili ne da aka kewaye da bango babu rufi, masu ƙaramin tikiti a benci can gaba har sai sun ɗaga kai, masu hali a kujeru a baya, masu gyaɗa da rake a bakin ƙofa. Ina tuna ƙarar na'urar a bayanmu da ƙwarin da suke yawo cikin hasken da yake fitowa daga ɗan tagarta. Labarin wani Alhaji ne da ya dawo daga Makka ya ƙyalla ido a kan yarinyar da aka riga aka yi wa miji, ya matsa sai ya aure ta ta uku, sai matarsa ta biyu, wadda kishi ya rufe wa ido, ta ƙudura kashe amarya a daren biki, ta yi kuskure ta kashe ɗaya daga ƙawayen amarya. Zalika ce wannan kishiya. Da Zabarmanci ake magana, ni kuwa yaron Maraɗi rabi nake ji rabi yana wuce ni, amma ban nemi tafinta ba idan fuskarta ta cika bangon nan. Ba ta ihu, ba ta yarfa hannu irin na wasan daɓe. Shiru take yi, ta kalli gefe, sai ka ji cikinka ya ɗuri ruwa. Wani dattijo a bayanmu ya miƙe tsaye yana tsine mata da ƙarfi, kamar tana jinsa, sai da aka ja masa riga ya zauna.

Da muka koma gida kawu ya kwashe labarin ya faɗa wa matarsa tana kwashe tuwo. Matar nan ba ta taɓa taka ƙofar silima ba, kuma ba ta san Zalika ko a hanya ba, amma ta ajiye mara ta ce, “Wannan ba wasa ba ne, halinta ne. In ba halinta ba ne, ya aka yi ta iya?” Na daɗe ban gane nauyin wannan magana ba. Sai da na girma na fahimci cewa ita ce babbar yabon da za a yi wa ɗan wasa, ita ce kuma hukuncin da aka yanke wa Zalika a garinsu. Daraktoci sun ga ta iya fitowa a muguwar mace, sai suka riƙa ba ta matsayin kishiya mai kisa da matar bariki da mai cin amanar aure, wato matsayin da 'yar mutunci ta wancan zamani ba za ta karɓa ba, alhali in babu mai karɓarsa fim ɗin da yake sukar waɗannan halaye ba zai yiwu ba. Darakta yakan gama aiki ya hau jirgi ya tafi biki a ƙasashen waje a tafa masa. Ita kuwa da safe kasuwar unguwarsu za ta shiga cefane, cikin mutanen da suka kwana suna tsine mata.

A 1972 bikin fina-finan Afirka na Wagadugu, FESPACO, ya fara ba da babbar kyautarsa, Ingarman Yennenga, kuma Le Wazzou polygame ne ya fara ɗaukarta. Duk littafin da ya taɓo tarihin silimar Afirka yana ɗauke da wannan layi, da sunan Nijar da na Umaru Ganda a jikinsa. Hausawa suna cewa kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi, sai dai adalci ya tilasta mini in ce a wannan karon gardin ma bai karɓi abin kirki ba. Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981 yana da shekara 45, kuma ba a san shi da dukiya ba. Ba ina tuhumar matattu ba ne. Tsarin da suka yi aiki a cikinsa ne bai bar wa kowa komai ba, ya kuma fi danne na ƙasa.

Ga yadda abin yake tafiya a wancan zamani. Ana ɗaukar fim a kan zare mai faɗin milimita 16, ba a kuma iya wanke shi a nan, sai an aika Faransa, a can ake wankewa a haɗa hoto da murya. Ɗan kuɗin da yake shigowa yawanci daga ma'aikatar haɗin gwiwa ta Faransa yake fitowa, wadda takan sayi izinin nuna fim a cibiyoyin al'adu da makarantu, kuma darakta take biya a matsayinsa na mai fim, shi kuma ya juya ya biya bashin masu wanki. Gidajen silima kuwa, a nan da sauran ƙasashen da Faransa ta raina, kamfanoni biyu ne na Turawa suke juya su, COMACICO da SECMA, waɗanda suka fi son tsofaffin fina-finan Amurka da Indiya da suke samu da araha a kan fim ɗin ɗan ƙasa. Saboda haka ko silima ta cika maƙil, kamar daren da na ba ku labari, kuɗin ƙofa ba ya komawa wajen waɗanda aka zo kallo. 'Yan wasan kuma abokai ne da 'yan uwa da ƙananan ma'aikata da suke zuwa bayan an tashi daga aiki, yawanci babu takarda tsakaninsu da kowa sai amana da ɗan abin sayen sabulu. Namiji mai albashi yana iya ɗaukar wasan a matsayin nishaɗi. Wadda ta jingina rayuwarta da shi ita ce ta kwana a ciki.

Masu sana'ar sun ga matsalar tun da wuri. A garin Yamai ɗin nan da kuke zaune masu shirya fina-finan Afirka suka taru a watan Maris 1982, suka fitar da sanarwar da ake kira da sunan garin, inda suka nemi a tsara sayar da tikiti yadda za a san abin da ya shigo, a kuma mayar da harajin silima cikin aikin fim. Amma lokacin ya zo daidai da faɗuwar farashin yuraniyom, gwamnati ta shiga tsuke bakin aljihu, bidiyo ya shigo gidaje, sannan aka karya darajar sefa da rabi a watan Janairu 1994. Gidajen silima suka riƙa mutuwa ɗaya bayan ɗaya. Ƙasar da ta ɗauki Ingarman farko ta koma sai a yi shekaru ba a ji ta fitar da dogon fim ba, kuma 'yar wasa ba ta da gonar da za ta koma idan kyamara ta daina juyawa.

A wannan hali Rahmatu Keita ta same ta, ta shirya fim ɗin gaskiya a kanta mai suna Al'lèèssi, kalmar Sanwai da take nufin ƙaddara, wanda ya fito a 2004 aka kuma nuna shi a Cannes a 2005. Ni sai bayan shekaru na gan shi, a kwamfutar wani tsohon ɗalibina da ya yi karatu a waje. Matar da na gani tana cika bangon silima ita ce a gida mai ɗaki biyu a Yamai, ita da 'ya'yanta huɗu, babu lantarki babu famfo. Fim ɗin yana nuna ta a yau, sai ya yanko ta a jiya cikin ƙuruciya da ado, sai ya komo, har mai kallo ya rasa inda zai sa idonsa. A ƙarshensa aka sanar cewa ta bar ƙasa ta tafi ƙetare tana aikatau a gidajen mutane. A ganina wannan ne matsayi mafi wuya da ta taɓa fitowa a ciki, domin a sauran tana iya cewa labari ne aka ba ta, a nan kuwa babu rigar aro. Kun san darajar rufin asiri a wajenmu, kun san mutum yakan kwana da yunwa ya fito da wankakkiyar riga don kada maƙwabci ya gane. Dattijuwa ta yarda ta buɗe ƙofar ɗakinta duniya ta leƙa, kuma ban yi tsammanin ta yi haka don a ji tausayinta a Turai ba ne. Da mu take magana. Ta rasu a Yamai ranar 27 ga Yuli 2021, tana da shekara 73.

Ranku ya daɗe, ta riga ta tafi inda kyauta da tafi ba sa isa, sai addu'a, Allah ya jiƙanta ya gafarta mata. Abin da ya rage a hannun masu rai shi ne aikinta, da kuma waɗanda suke bin sawunta ba tare da sun san sawun wa suke bi ba.

Roƙona na farko shi ne fina-finan su dawo gida a cikin sifar da za a iya kallonsu. Tun 1961 akwai ma'ajiyar fina-finan Afirka a Faris, Cinémathèque Afrique, kuma tun 2017 akwai shirin da gidauniyar Martin Scorsese, daraktan fim ɗan Amurka, da hukumar UNESCO da ƙungiyar masu shirya fina-finan Afirka, FEPACI, suka ƙulla don gyara tsofaffin fina-finai hamsin na nahiyar. Wasiƙar da hukuma irin taku za ta rubuta tana buɗe ƙofar da wasiƙar tsohon malami ba za ta buɗe ba. Maƙwabtanmu sun nuna abin yana yiwuwa. Fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya shirya da Hausa a 1976 an daɗe ana ɗauka ya ɓata, sai aka gano faya-fayansa a ma'ajiyar hukumar fina-finai ta Najeriya a 2016, aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin Balin a 2018. Na san akwai maganar masu haƙƙi, magadan daraktoci da kamfanonin da suka zuba kuɗi, kuma ba ina cewa a tsallake su ba ne. Zama da su a daidaita yana daga cikin dalilan da suka sa aka kafa cibiya irin taku.

Amma dawo da fim a kulle shi a kabad a Yamai bai bambanta da barinsa a Faris ba. Tunda kundin tafiyar da mulkin ƙasa da aka ƙaddamar a watan Maris 2025 ya ɗaga Hausa zuwa harshen ƙasa, ga wuri guda da wannan magana za ta tashi daga takarda ta zama aiki. A ɗora wa waɗannan fina-finai muryar Hausa, a ajiye na asali da Zabarmancinsa yadda yake ga mai so, a kuma yi wa sauran harsunanmu hanya gwargwadon hali. Rubutu a ƙasan hoto ba zai wadatar ba, domin uwar jikata, wadda ita ce take bukatar ganin fim ɗin fiye da kowa, ba za ta bi rubutu yana gudu ba. Samarin da suke fassara fina-finan Indiya a ƙananan ɗakuna sun riga sun nuna cewa jama'a suna kallon kowane labari in dai da harshensu yake magana, har tsoffi sun san sunayen jaruman Bambai. Sai dai a nan ina roƙon a yi aikin da natsuwa, a nemo waɗanda suka ji harsunan biyu sosai, kada a cika fim ɗin da barkwancin da babu shi a ciki, kada kuma a toshe shirun Zalika da surutu, domin a cikin shirun nan gwanintarta take. In an gama a nuna a Télé Sahel, a zaga da majigi makarantu da filayen unguwa, a kuma miƙa wa masu tura fim a waya ta hanyar da kuka ga ta dace da doka. Labarin Alhajin da ya ƙwace budurwar yaro da ƙarfin aljihu ba ya bukatar a yi wa mutanen Maraɗi ko Damagaram ko Katsina dogon bayani.

Akwai kuma aikin da ba ya jira, wato rubuta sunaye. Bayan Zalika akwai mata da maza da dama da suka fito a fina-finan shekarun 1960 da 1970 waɗanda sunansu yake wucewa a ƙarshen fim kafin a karanta, wasu ma da laƙabi kawai aka rubuta su. Damure Zika da Lam Ibrahim Diya da Tallu Muzuran, abokan tafiyar Rouch, sun yi dabara sun haɗa farkon sunayensu da nasa suka kafa kamfanin Dalarouta, shi ya sa ake tunawa da su. Sauran fa? Waɗanda suka rage a raye sun tsufa. Matashi ɗaya da kyamara da kuɗin mota ya isa ya bi su gida-gida ya ɗauki bakinsu, wa ya fito a me, nawa aka ba shi, me ya tarar a gida bayan an nuna fim. Manyan cibiyoyin al'adu biyu na Yamai suna ɗauke da sunayen Umaru Ganda da Mustafa Alasan, FESPACO ma tana da kyauta da sunan Ganda, kuma sun cancanta. Ranar 7 ga Oktoba 2027 Zalika za ta cika shekara 80 da haihuwa, a shekarar kuma ake sa ran zaman FESPACO. Kyautar gwarzuwar 'yar wasa da sunanta, wadda za a riƙa bayarwa a gida, ba za ta ci kuɗin da za a ce babu ba.

Na bar wanda ya fi damuna a ƙarshe, saboda shi ne ya shafi masu rai. Abin da ya faru da Zalika bai zama tarihi ba. Kyamara ta yi araha, waya ma tana ɗaukar fim, samari suna haɗa kuɗi su yi aiki, kuma har yanzu da amana ake kiran ɗan wasa, a ce masa in fim ya samu karɓuwa za a gan shi. Duk mai bin labaran Kano ya sha ganin tsohon ɗan wasa da ya ba mutane dariya shekara talatin an ɗauko shi a waya yana kwance yana neman kuɗin magani. Duniya ta riga ta amince cewa ɗan wasa yana da haƙƙi a kan hotonsa da muryarsa, ba darakta kaɗai ba. Yarjejeniyar Beijin ta 2012, wadda ta fara aiki a 2020, a kan wannan aka ƙulla ta. Muna kuma da ofishin kare haƙƙin mawallafa, BNDA, da za ku iya haɗa hannu da shi. Abin da nake roƙo bai kai girman waɗannan ba. Takarda ce mai shafi ɗaya, da Hausa da sauran harsunanmu da Faransanci, wadda za ta faɗi abin da za a biya ɗan wasa a ranar aiki, da kason da zai samu idan an sayar da fim ga talabijin ko ya ci kyautar kuɗi ko ya kawo riba a intanet, da yadda za a rubuta sunansa. Ku sa ta zama sharaɗi ga duk wanda ya zo neman izinin ɗaukar fim ko tallafi a wajenku. A yi irinta kuma ga mutanen da ake ɗauka a fim ɗin gaskiya, domin 'yan ƙasarmu, irin su Aisha Maki ta Damagaram, sun yi nisa a wannan fanni har ana nuna aikinsu a manyan bukukuwa, kuma wanda ya buɗe rayuwarsa ga kyamara ya kamata a karanta masa, da harshen da yake ji, inda hotonsa zai je da abin da zai same shi.

Wani zai ce takarda ba ta haifar da kuɗin da babu, kuma gaskiyarsa. Mafi yawan waɗannan ƙananan fina-finai ba za su mayar da ko kuɗin man babur ba. Amma Le Wazzou polygame ma da aka fara ɗaukarsa babu wanda ya san za a riƙa nuna shi a jami'o'i da bukukuwa bayan shekara hamsin, kuma ranar da fim ya yi daraja ita ce ranar da ake neman takardar a rasa.

Game da jikata, na shawo kan uwarta da sharaɗi biyu, cewa yayanta zai riƙa raka ta wajen aiki, kuma ba za ta tsaya gaban kyamara ba sai an rubuta abin da aka yi alkawari an sa hannu. Yaron da zai ba da umarni ya zo har gida ya durƙusa ya gaishe ni, ya ce ya yarda, amma shi bai taɓa ganin irin wannan takarda ba, bai san me ake rubutawa a ciki ba, ko zan nuna masa inda ake samunta. Na ce masa ya ba ni lokaci in tambayi waɗanda abin yake hannunsu. Sun sa ranar fara ɗauka bayan an gama girbin gero.

Ina jiran amsarku. Allah ya taimake ku a kan aikin da aka ɗora muku.

Naku cikin girmamawa,
wani tsohon malamin makaranta,
Maraɗi.